Iyaka biyu, lamba ɗaya

Idan dillalin doya a kasuwar Salaga ya ce wa yaronsa, "Kada ka sallama ƙasa da sidi 40, kada kuma ka tsawwala ka haura 60," ya gama aikin da ke sa ɗaliban ƙaramar sakandare (JHS) gumi kafin jarrabawar BECE. Ya kafa wa farashi ɗaya iyaka biyu. A kan allo malam zai rubuta 40 ≤ k ≤ 60, inda k ke matsayin kuɗin. Lissafin ba shi da wuya. Inda yara ke tuntuɓe shi ne sauraron maganar kafin su ɗauki biro.

Tambayar farko: ita iyakar kanta tana ciki ko tana waje? Ɗan layin da ke ƙarƙashin alamar ≤ shi ke cewa tana ciki. Dokar Yara ta Gana ta 1998 misali ce mai kyau. Ta yarda yaro ya fara aiki mara nauyi daga shekara 13, amma ba a ɗaukarsa cikakken aiki sai ya kai 15. To waɗanne yara ne aiki mara nauyi kaɗai ya halatta gare su? Idan s na matsayin shekarun yaro, 13 ≤ s < 15. Ɗan shekara 13 ya shiga, shi ya sa alamarsa ke da layi. Ɗan 15 kuwa ya riga ya tsallaka wani rukuni, don haka tasa ba layi. Ɗalibi da yawa kan sa alama iri ɗaya a ɓangarorin biyu don kawai ta fi kyan gani, maki kuma ya tafi.

Sai batun "da" da "ko", wanda a ganina malamai ba sa tsayawa a kansa yadda ya kamata. Yawancin alluran rigakafi, a Yendi ko a Bawku, ana ajiye su a firji tsakanin digiri 2 zuwa 8 a ma'aunin Salsiyos: 2 ≤ z ≤ 8, inda z ke matsayin zafin firjin. Sharaɗi biyu ne, dole su cika tare. Amma in aka tambaya yaushe ma'aikaciyar jinya za ta shiga damuwa, amsar ita ce z < 2 ko z > 8, wato sanyi ya yi yawa ko zafi ya shiga. Wannan ba ya haɗuwa a jere ɗaya. Wanda ya rubuta 8 < z < 2 yana neman lambar da ta fi takwas kuma ba ta kai biyu ba, har duniya ta naɗe ba zai same ta ba.

Da Turanci ake tambayar a takarda, alhali yaro a gida Hausa, Dagbani ko Kusal yake ji. Gara ya fara faɗin maganar da harshen gida, ya ja layin lambobi, ya ɗiga iyakokin biyu, sannan ya gwada kowace iyaka a cikin maganar: in an sayar da doyar sidi 60 cif, dillali zai yi faɗa? Ba zai yi ba. Ke nan 60 tana ciki, alamarta na buƙatar layi.