Tagwayen Taurari Masu Majaujawa: Tsakanin Kimiyya da Ƙagaggen Labari

Gabatarwa

Marubutan ƙagaggun labaran kimiyya suna son kai mai karatu wata duniya da ba ta ƙarƙashin rana irin tamu. Ɗaya daga cikin wuraren da sukan ƙaga shi ne inda taurari biyu, waɗanda Turawa ke kira fulsa, suke zagaye juna. Wannan maƙala za ta bayyana mene ne fulsa, da yadda rayuwa za ta kasance kusa da tagwayensa, da kuma sunan da ya dace mu ba shi da Hausa.

Mene ne fulsa?

Idan babban tauraro ya ƙone makamashinsa, yakan fashe, tsakiyarsa ta dunƙule ta zama ƙwallo mai faɗin kilomita 20 ko makamancin haka, amma nauyinsa ya fi na rana. Wannan ƙwallo yana juyawa da gudu, yana fesa igiyoyin rediyo ta ɓangarori biyu, kamar mutumin da ya riƙe tocila yana majaujawa cikin duhu. Duk lokacin da hasken ya ratsa ta kanmu, sai na'ura ta ji kamar an buga ganga sau ɗaya.

A shekarar 1967 ne wata ɗaliba a Jami'ar Kambirij ta Ingila, Jocelyn Bell, ta fara gano irin wannan bugu, yana zuwa duk bayan daƙiƙa 1 da 'yan kai. Daidaitonsa ya sa har aka yi masa laƙabin wasa da ke nuni da saƙon wasu halittu na wata duniya.

Tagwayen gaske

A 1974, Russell Hulse da Joseph Taylor, da taimakon madubin rediyo na Arecibo, suka gano fulsa mai juyawa sau 17 a daƙiƙa, yana zagaye wani mataccen tauraro irinsa cikin awa 8 saura kaɗan. Da aka auna su shekara da shekaru, sai aka ga suna ƙara kusantar juna, kamar yadda lissafin Einstein ya nuna. Wannan aiki ya ba su lambar yabo ta Nobel a 1993.

A 2003 kuma, madubin Parkes na Ostareliya ya kai masana ga tagwayen da dukansu biyu fulsa ne. Suna zagaye juna cikin awa 2.4, kuma an ƙiyasta za su yi karo nan da shekara miliyan 85. A 2008 aka daina jin bugun ɗayansu, saboda haskensa ya karkata daga saitin duniyarmu.

A cikin ƙagaggen labari

Marubuci yana da hujjar ajiye duniya a irin wannan wuri, domin duniyoyin farko da aka tabbatar a wajen gidan ranarmu, a 1992, wani fulsa suke zagayawa. Amma idan ya zana tagwayen fulsa a matsayin rana biyu masu ɗumama gona, ya yi ɓatan kai. Zafin tururin da suke fitarwa yana kashe rai, don haka mutanen labarinsa sai dai su zauna a ƙarƙashin ƙasa.

A nan ne gaskiya ta fi ƙage daɗi. Al'ummar da ke wannan wuri tana da agogon da ba ya kuskure a samanta. Malamanta za su iya lissafa ranar da tagwayen za su haɗu komai ya ƙare. Shirun da ɗaya zai yi wata rana zai iya raba kan jama'a, wasu su ce alamar fushi ce, wasu su ce karkata ce kawai. Robert Forward ya bi wannan hanya a littafinsa Dragon's Egg na 1980, inda ya ƙaga halittu masu girman ƙwayar riɗi a bisa irin wannan tauraro, kuma ya gina rayuwarsu a kan nauyin wurin.

Wane suna za mu ba shi?

Mu ɗaliban harshe, zaɓi uku ne a gabanmu. Na farko shi ne aro, wato fulsa, wanda gajere ne amma ba ya gaya wa Bahaushe komai. Na biyu shi ne fassarar ma'anar sunan Turanci, wato tauraro mai bugu. Wannan yana bayyana abin da na'ura ke ji, sai dai zai sa a zaci tauraron yana kumbura yana motsewa kamar zuciya, alhali juyawa yake yi. Na uku shi ne tauraro mai majaujawa, wanda ya fito da ainihin abin da ke faruwa. A ganina wannan ya fi dacewa a rubutun koyarwa, a bar fulsa ga inda ake son taƙaitawa.

Kammalawa

Darasin a nan shi ne, mai ƙirƙirar kalma da mai ƙaga labari aikinsu ɗaya yake farawa, wato fahimtar abu kafin a raɗa masa suna. Ɗalibin da ya san dalilin da ya sa fulsa ke bugawa zai iya rubuta labarin tagwayen nan da Hausa, mai karatu ya gane shi ba tare da ya nemi ƙamusun Turanci ba.