Raha a Wurin Aiki da Abin da Waya Ta Ɓata

Tun da kotun majistare a Kano ta yanke wa wasu matasa biyu 'yan TikTok hukuncin bulala 20 da sharar harabar kotu ta kwana 30 a Nuwambar 2022, saboda sun yi wa gwamnan jihar na lokacin, Ganduje, shaguɓe, ake ta cewa barkwanci ya lalace. Hukuncin ya yi tsauri, kuma ni ban ga laifin barkwanci ba. Masu sauraro ne suka canza.

Ka tsaya a garejin kanikawa a Akurba da ke Lafiya. Lafiya garin Barebari ce tun kafuwarta, don haka ba ka daɗe ba za ka ji Babarbare ya ce wa Bafulatanin da suke aiki tare, "Bawana, miƙo mini sifana!" Shi ko ya ce, "Yaushe bawa ya fara aiken ubangidansa?" A kwashe da dariya, a koma ƙarƙashin mota. Wasan yana da ƙa'ida: an san juna, wanda aka tsokana yana nan zai rama, in an zarce kuma akwai dattijon da zai ce ya isa.

Waya ta rushe wannan duka. Wani zai ɗauka a ɓoye, ya yanke ramuwar, ya saka tsokanar kaɗai, domin ita ke jawo masu kallo, masu kallo kuma ke jawo talla da kuɗi. Tibi da Fulani ma abokan wasa ne tun kaka da kakanni, amma wanda ya rasa ɗan'uwa a rikicin manoma da makiyaya a Awe ko Keana, in irin wannan bidiyon ya iso masa, zagi zai ji.

Ana cewa matasa na samun abinci da harkar. Haka ne, marigayi Rabilu Musa Ibro ma da ban dariya ya rayu har rasuwarsa a 2014. Sai dai waɗanda yake tsokana a fim 'yan wasa ne da suka yarda, aka kuma biya su.

Wanda ya fi cutuwa yanzu yaron shago ne. Maigidansa zai mayar da shi abin dariya a Facebook, ba shi da bakin ramawa, ba shi da ko sisi a ciki. A ofisoshi kuwa, da an ga waya a hannun wani sai kowa ya kama bakinsa.