Daren Sallamar Mai Yi wa Manyan Amurka Zambo

Ku sani, a birnin New York na ƙasar Amurka akwai wani mai barkwanci, Jon Stewart, wanda ya karɓi shirin talabijin mai suna The Daily Show a shekarar 1999. Dare huɗu a mako yakan zauna tamkar mai karanta labarai, alhali zambo yake yi wa mahukunta. Babbar dabararsa ita ce ya ɗauko maganar da babban mutum ya yi bara, ya jera ta da wadda ya yi bana, jama'a su ga saɓanin da kansu.

Ran Alhamis, 6 ga Agusta 2015, ya yi sallama bayan shekara 16. Almajiransa da suka watse suka hallara, Stephen Colbert ya yi masa godiya har idonsa ya ciko. Waɗanda ya sha yi wa ba'a, irin su Hillary Clinton da John McCain, suka aiko da saƙon raha, wai gwamma da ya tafi. Watakila wasunsu har zuci suka faɗa.

Wasiyyarsa a kan ƙarya ya yi ta, ya kasa ta uku: raɗa wa mugun abu kyakkyawan suna, da binne shi cikin tulin takardu har mai karatu ya gaji (fatake sun san wannan), da jinkirta aiki bisa hujjar sai an gama bincike. Maganinta, in ji shi, sa ido.

A daren nan kuwa Donald Trump ya shiga muhawararsa ta farko ta neman shugabancin ƙasar. Stewart ya komo kujerarsa a 2024, amma ran Litinin kaɗai.