Gaskiya ko Jita-jita: Baturen Italiya da Kyamararsa Ta Shiga Agadas

A ƙasar Talata Mafara, Bakura da Maradun, in ka ambaci mutumin Italiya a gaban dattijo, kamfanin Impresit ne zai faɗo masa a rai, wanda ya gina madatsar ruwan Bakolori aka kammala a 1978. Samarin gidan kallo a Ruwan Gizo kuwa sai su ce AC Milan. Akwai na uku da ya kamata a sani: Vittorio Storaro, gwanin ɗaukar hoton fim, haifaffen birnin Rum a 1940, ɗan mai haska fim a kamfanin Lux. Ga wasu maganganu da ake yi kan sana'arsa da shi kansa.

"Mai kyamara ai yaron darakta ne." Jita-jita. A manyan finafinai sau da yawa ma ba shi ke riƙe kyamarar ba, wani ne a ƙarƙashinsa. Aikinsa shi ne ya yanke inda haske zai faɗa, inda inuwa za ta kwanta, da launin da kowane fage zai ɗauka. Da wannan Storaro ya ci kyautar Oscar har sau uku: Apocalypse Now na 1979, wanda labarinsa na yaƙin Biyetnam ne amma a Filifin aka ɗauka, da Reds na 1981, da The Last Emperor na 1987. Duba na ƙarshen nan, tarihin Pu Yi, sarkin Sin na ƙarshe. Yana yaro a fada, ruwan ɗorawa ne ya mamaye ko'ina, launin sarauta. Da malaminsa Bature ya shigo rayuwarsa sai kore ya ɓullo, har keken da yaron ya samu kore ne, domin a wurin Storaro kore alamar ilimi ce. Mai kallo ba lallai ya lura ba, amma jikinsa yana ji.

"Tsadar kyamara ce ke kawo kyan hoto." Da ƙanshin gaskiya, amma kaɗan. Duk kyaututtukan nan uku da tsohuwar kyamara mai faifan fim ya ciwo su, sai a Café Society na Woody Allen, a 2016, ya rungumi ta zamani. Mai ɗaukar bidiyon biki da ya zaunar da amarya ta juya wa taga baya, ko da kyamarar miliyan goma ce, fuska baƙi ƙirin za ta fito.

"Hamadar finafinan Turawa duk ta cikin ɗaki ce." Ba duka ba. The Sheltering Sky na 1990, wanda ya yi da abokin aikinsa Bernardo Bertolucci, an ɗauke shi a Maroko da Aljeriya da Nijar. Sun shiga tsohon garin Agadas, har cikin wani gidan ƙasa mai zayyana da ake kira Gidan Mai Burodi. Hoton fim ɗin ya samo masa kyautar BAFTA ta Ingila.

"Storaro ne ya ɗauki Ar-Risala." A'a, finafinai biyu ake cakuɗawa. Ar-Risala na Moustapha Akkad, na 1976, wanda aka sha kallo a kaset a gidajen Hausawa, Jack Hildyard ɗan Ingila ne ya jagoranci ɗaukarsa a Maroko da Libiya. Na Storaro shi ne na Majid Majidi ɗan Iran, na 2015, kan ƙuruciyar Manzon Allah (SAW), da aka gina masa kwaikwayon garin Makka kusa da birnin Ƙum na Iran. Ba a nuna fuskar Manzon Allah (SAW) a ciki ba, duk da haka malaman Azhar da babban muftin Saudiyya sun ƙi amincewa da shi.