Yawon Buɗe Ido a Duwatsun Jihar Nasarawa

Lafiya ita ce babban birnin Jihar Nasarawa tun da aka kafa jihar a shekarar 1996. Daga nan matafiyi zai iya zagaya duwatsun arewacin jihar cikin kwana uku.

A rana ta farko sai a kama hanyar Akwanga, a ya da zango a Nasarawa Eggon. A nan ne Duwatsun Eggon suke, inda kakannin al'ummar Eggon suka zauna a da domin tsira daga mahara. Kashegari a wuce Akwanga, a kwana a Wamba. A rana ta uku a nufi Farin Ruwa, inda ruwa ke gangarowa daga tsaunukan Filato, yana faɗowa daga tsayin kimanin mita 150, fari fat kamar auduga.

Zaɓen lokaci shi ne ginshiƙin wannan tafiya. Da damina hanya takan lalace, duwatsu su yi santsi. Da rani kuwa ruwan yakan ragu ƙwarai. Saboda haka kaka ta fi dacewa, wato daga ƙarshen Oktoba zuwa Nuwamba. A lokacin ruwan sama ya ɗauke, ciyayi suna nan kore shar, kuma baƙin hutun ƙarshen shekara ba su fara zuwa ba.

Kada baƙo ya hau dutse ba tare da jagora ɗan gari ba. Shi ya san hanya, shi zai kai baƙi su gai da mai gari, ya kuma nuna musu wuraren da al'ada ta hana shiga. Hausawa na cewa, matambayi ba ya ɓata.