Idan Windows Ta Ce Ba Ta Ga Fayil Ɗin DLL Ba: Inda Matsalar Take Da Yadda Ake Gyara Ta

Kusan duk wanda ya taɓa sanya sabuwar Windows a kwamfuta ya san wannan saƙon. An gama ɗora manhaja, an danna ta, sai wani ɗan akwati ya fito yana cewa ba a samu VCRUNTIME140.dll ko MSVCP140.dll ba, manhajar kuma ta ƙi buɗewa. Ga mai shagon buga takardu da mutane ke jira a layi, wannan ba ƙaramin tashin hankali ba ne, kuma a cikin wannan gaggawar ne da yawa ke yin gyaran da ya fi ɓarnar farko muni.

DLL na nufin Dynamic Link Library, wato fayil mai ɗauke da umarnin da manhajoji da yawa ke amfani da shi tare. Kamar injin niƙa na unguwa ne: ba kowane gida ke sayen nasa ba, amma ranar da ya lalace, gidaje da yawa ba za su tuƙa tuwo ba. A Linux irin waɗannan fayiloli suna ƙarewa da .so, a macOS kuma .dylib.

Abu na farko shi ne a karanta sunan fayil ɗin da kyau, domin yana faɗin inda ya fito. Waɗanda suka fara da MSVCP, MSVCR ko VCRUNTIME na cikin Microsoft Visual C++ Redistributable ne, lambar da ke jikinsu kuma tana nuna wanne ake buƙata: 100 na 2010 ne, 110 na 2012, 120 na 2013, 140 kuma na kunshin 2015 zuwa 2022. Sabo ba ya maye gurbin tsoho. Shi ya sa ake ganin Visual C++ jere da yawa a cikin Control Panel, wasu kuma su goge su suna zaton maimaici ne da ke cin wuri, washegari wasu manhajoji su daina tashi. Maganin shi ne a sauke kunshin da ya dace daga shafin Microsoft. A kwamfuta mai 64-bit a sanya na x64 da na x86 duka biyu, saboda manhaja mai 32-bit na x86 take nema ko da Windows ɗin mai 64-bit ce. Masu tsofaffin wasannin kwamfuta da ke cin karo da d3dx9_43.dll ko xinput1_3.dll kuwa, DirectX End-User Runtime na watan Yunin 2010 suke buƙata.

Abin da bai kamata a yi ba shi ne wanda aka fi yi: a rubuta sunan fayil ɗin a Google, a sauke shi daga shafukan da ke raba DLL ɗai-ɗai, a jefa shi cikin System32. Wani lokacin ya yi aiki, shi ya sa ɗabi'ar ta ƙi mutuwa. Amma akwai tarko a nan. A Windows mai 64-bit, System32 na ɗauke da fayiloli masu 64-bit ne, masu 32-bit kuma suna SysWOW64, akasin abin da sunayen ke nunawa. Wanda ya cakuɗa su yakan ƙare da kuskuren 0xc000007b, wanda ya fi na farko wuyar ganewa tunda ba ya ambaton sunan kowane fayil. Bayan haka, DLL umarni ne da ke gudana da duk ikon da manhajar da ta kira shi take da shi. Idan an cusa masa muguwar manhaja, kalmomin sirri da bayanan banki da ke kwamfutar suna cikin haɗari.

Akwai kuma fayil ɗin da yana nan amma ya lalace, abin da ɗaukewar wuta a tsakiyar sabunta Windows ko hadis mai mutuwa kan jawo. A nan sai a buɗe Command Prompt da ikon Administrator, a fara da DISM /Online /Cleanup-Image /RestoreHealth, wanda yakan buƙaci intanet, sannan a bi shi da sfc /scannow. Sai dai sfc fayilolin Windows kaɗai yake gyarawa. Idan DLL ɗin na manhajar kanta ne, a cire ta a sake sanyawa. Idan kuwa lalacewar na dawowa bayan kowane gyara, a kwashe muhimman takardu zuwa wani wuri tukuna, sannan a binciki hadis ɗin da chkdsk.

Wani lokacin manhajar tsaro ce ta killace fayil ɗin, ana iya ganin haka a Protection history cikin Windows Security. Hakan ya fi faruwa da manhajojin da aka fasa ake yawo da su a filas, kuma dawo da irin wannan fayil ɗin ganganci ne.

Masu Windows 7, wadda Microsoft ta daina tallafa wa ranar 14 ga Janairun 2020, sukan ga api-ms-win-crt-runtime-l1-1-0.dll. Wannan sabuntawar KB2999226 ke kawo shi, ita kuma ba ta shiga sai an riga an sanya Service Pack 1.