Ƙira a Katsina: Gadon da Ke Rayuwa a Hannun Maƙeri

Idan ana zancen tarihin Katsina, Hasumiyar Gobarau da ganuwa da ƙofofinta ake fara ambata. Ba kasafai ake tuna maƙera ba, alhali Gajere, takobin da ake dangantawa da Sarkin Katsina Muhammadu Korau, takobin da har yau yake cikin kayan sarautar Katsina, aikin maƙeri ne. Linzami da likkafar da ke ƙawata Hawan Sallah ma daga maƙera suka fito, haka fartanya da lauje da gatarin da suka ciyar da birnin. Saboda haka ƙira gado ce, kuma gado irin wannan ba ya tsira a gidan adana kayan tarihi kaɗai, domin asalinsa ilimi ne da ke hannun mutum: sanin launin ƙarfe idan ya nuna, da daidaita zugazugi, da bugun masaba a kan uwar maƙera.

Wasu za su ce zamani ya wuce wannan sana'a, tunda ga tarakta ga kayan waje. Amma mafi yawan manoman ƙasar Katsina ƙananan gonaki gare su, kuma garmar shanu da fartanya suke dogaro da su. Idan garma ta lalace ana tsakiyar damina, maƙeri ne ke gyara ta a ranar. Maƙeran kansu sun bi zamani: da aka daina narka tama, sai suka koma sarrafa tsofaffin ƙarafunan mota.

Ƙorafi mai nauyi shi ne na gawayi. Maƙera sun fi son gawayin ƙirya, ga shi kuma itatuwa na ƙarewa, hamada na matsowa. Wannan gaskiya ce, sai dai maganin matsalar shi ne inganta murhu da dasa ƙirya, domin in an rufe maƙera manomi ne zai fara shan wahala.

A 2019 UNESCO ta sanya tsofaffin wuraren narka ƙarfe na Burkina Faso cikin gadon duniya. Katsina na da abin da ya fi kufai, tana da maƙera masu rai. Ya kamata gwamnati da masarauta su haɗa kai da Sarkin Maƙera, a tallafa wa masu koyo, kwalejin Hassan Usman Katsina kuma ta rubuta ilimin maƙeran tun dattawan sana'ar suna raye.